Ina so in zama mai tsara fasalin fim, ta ina zan fara?

Ɗan Koyo: Assalamu alaikum manya. Na iya zane da hannu, kuma burina in zama mai tsara duk abin da kyamara ke gani a fim, daga ɗakuna har launuka da kayan ciki. Me zan fara koya?

Baban Sikeli: Wa alaikumus salam. Fara da zanen gini a kan ma'auni, domin shi kafinta yake karantawa. 1:50 ga taswirar ɗaki (wato santimita 1 a takarda na wakiltar santimita 50 a gini), 1:10 ga ƙofa da taga. Sannan ka haɗa ɗan samfuri da farin kwali, darakta ya leƙa ya ga inda kyamara za ta tsaya.

Hajiya Fenti: A manhajojin zane na kwamfuta, SketchUp ya ishe ka da farko, Vectorworks ko AutoCAD daga baya.

Tsohon Hannu: Ƙanena, manhaja ba ita ke kayar da sababbi ba. Ka ɗauki sikirif ka bi shi fitowa bayan fitowa, kana rubuta wuri, dare ne ko rana, da duk abin da ɗan wasa zai taɓa. Abin da za a fasa ko a jiƙa, a tanadi uku ko fiye, don ba a ɗauka sau ɗaya a gama. Bangon ɗakin da aka gina da falankin ƙafa 4 a 8, a bar ɗaya ana iya zare shi. In ka kafe duka huɗun da ƙusa, kyamara da fitilu ba su da wurin ja baya. Farin bango fes yana mayar da haske ko'ina, mai haska dandali ya kasa sarrafa inuwa, don haka a dusashe shi. Fenti mai sheƙi yana nuna fitila. Labule mai siraran layuka yana rawa a allo. Daɓen katako mai rami a ƙasa yana amsa kuwwar takun ƙafa, mai ɗaukar sauti ya sha wahala, sai an cusa masa kafet ko soso. Duk waɗannan gwajin kyamara na rabin yini kafin ranar aiki zai tona su. Kuma ka ware kashi 10 cikin 100 na kasafinka, darakta zai sauya ra'ayi.

Mai Kwantiniti: Ƙari a kan na Malam, a ɗauki hoton ɗakin ta kowace kusurwa kafin a tashi. Bayan mako biyu ba wanda zai tuna gefen da kofi yake.

Yaya Katako: Baban Sikeli, 1:50 ba ko'ina ba. A Amurka kwatan inci ne ke wakiltar ƙafa ɗaya, wato 1:48.

Baban Sikeli: Na sani. Shi ya sa ake rubuta ma'auni a gindin kowace takarda. Bambancin ƙarami ne a ido, amma a doguwar katanga sai ƙofa ta ƙi shiga.

Yaya Katako: Ni dai har yanzu ban ga bambancin mai tsara fasalin fim da daraktan zane ba.

Hajiya Fenti: Haba Yaya, da bambanci. Mai tsara fasalin fim ne ke zama da darakta da mai ɗaukar hoto su tsayar da kamannin fim ɗin, daraktan zane kuma ya riƙe zane-zane, magina da jadawali. William Cameron Menzies aka fara bai wa laƙabin mai tsara fasalin fim a 1939.

Ɗan Koyo: To makaranta fa, dole ce?

Tsohon Hannu: Ba dole ba, amma masu karatun zanen gini ko tsara dandalin wasan kwaikwayo sun fi saurin kamawa. Yawanci ɗan aike ake farawa a sashen, sai mai zanen taswira, sai mataimaki. Yi gajerun fina-finan ɗalibai, ka tara samfurin aiki guda 5 ko 6, kowanne da zanensa na farko da hoton yadda ya fito a allo.

Mai Kwantiniti: Kuma tambarin kamfani ko zanen wani kada ya hau bango sai da izini a rubuce.

Yaya Katako: Hajiya, to mai ƙawata ɗaki a ƙarƙashin wa yake?