Abin da 'yan katako suka ce kan ruɓewar itacen fayin

Kafintoci da masu sayen katakon falet (dandamalin katako da ake ɗora kaya a kai) da ke fitowa daga tashar Apapa sun yi zama a Agege, ga abin da ya fito.

Dattawan sana'ar sun ce ɓarnar tun daga daji take somawa. A gandun fayin da danginsa masu ganye kamar allura, irin na Suwidin da Finlan, naman gwari kan shiga ta kututturen da aka sare, ya bi saiwa zuwa bishiyar da ke kusa, ya cinye cikinta alhali ɓawonta lafiya lau. Shi ya sa a can suke fesa wa sabon kututture ruwan takin yuriya. Bayan farin da aka yi a 2018 kuma ƙwaron ɓawo ya hallaka dazuzzuka da yawa a Jamus.

An fi daɗewa a kan launi. Shuɗi-shuɗin da ke jikin katako muni ne kawai, bai cika rage ƙarfi ba. Amma in ka ga ja-ja mai laushi, ka soka ƙusa ta shige ba gardama, bar musu kayansu komai arha.

Tambarin HT da ake bugawa a jikin falet na nufin an gasa katakon har zafin cikinsa ya kai digiri 56 a ma'aunin Celsius na minti 30. Ƙwari yake kashewa, ba ya hana ruɓewa, nan ne wasu ke ruɗuwa.

Laimar Legas kuwa ba ta da sabo. Danshin katako in ya haura kashi 20, to ruɓewa ta samu ƙofa. A ɗora shi bisa bulo, a sa 'yan sanduna tsakani iska ta ratsa, a rufe sama kaɗai. Ita ma gara mai cin katako ta ƙasa take hawowa.