Jiya ta wuce, ko tana nan a ɓoye?

Abba: Assalamu alaikum jama'a. Ina rubuta wani labari, a ciki na ƙirƙiro wata makarantar masu falsafa. Aƙidarsu ita ce jiya ba ta shuɗe ba, tana nan kamar ɗakin da muka fito muka ja ƙofa. Masu tarihinsu ba sa karatu, leƙawa suke yi. To ni fa na fara ganin maganar tasu gaskiya ce.

Malam Idi: Wa alaikumus salam. In labari ne, Allah ya ba da sa'a. Amma tuwon da ka ci jiya, a wane ɗakin yake?

Abba: Malam, ba wasa nake ba. A 1905 Einstein ya nuna cewa abu biyu da suka faru tare a idon wani, a idon mai tafiya da tsananin gudu ɗaya na iya riga ɗaya. A 1908 masanin lissafi Minkowski, wanda ya taɓa koyar da shi, ya haɗa lokaci da tsawo da faɗi da zurfi, suka zama ma'auni huɗu. In babu "yanzu" guda ta kowa, me ya ware yau daga jiya?

Safiya: Rabin zancen ka kawo. Bambancin gudun lokaci an auna shi, ba gardama. A 1971 masana kimiyya Hafele da Keating sun ɗora agogunan atom, masu tsananin daidaito, a jirgin sama suka zagaya duniya, suka dawo agogunan sun saɓa da na ƙasa. Agogon taurarin GPS kuma yana gaba da namu da kusan kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa kullum, da ba a gyarawa da taswirar wayarka ta kai ka wata unguwar. Amma cewa jiya tana nan zaune, wannan fassara ce da wasu masana suka yi, wasu kuma suka ƙi. Ko waɗanda suka yarda ba su ce akwai ƙofa ba.

Abba: Anti, hasken rana fa? Minti 8 da 'yan daƙiƙu yake yi kafin ya iso. Ashe kullum baya muke kallo.

Safiya: Saƙo ne ya makara a hanya. Wasiƙar kakanka da ke akwati ba ta nuna yana raye.

Malam Idi: Rigimar nan ma ta girme mu. Imam Gazali ya yi raddi ga su Ibn Sina kan cewa duniya ba ta da farko, ya ce shi kansa lokaci halitta ne. Sannan ka duba Ashabul Kahfi: shekara 309 suka yi, suka tashi suna cewa yini ɗaya ne ko wani yanki nasa. Gaba aka kai su. Babu wanda ya koma baya, sai tsohon kuɗin azurfa a hannu.

Hauwa: Ni ba kimiyyar ce ta dame ni ba. A ce ma an ba 'yan makarantarka ƙofar, leƙe ai ba tarihi ba ne. Masanin tarihi Ibn Khaldun ya ƙi yarda da maganar magabacinsa Mas'udi cewa mayaƙan Bani Isra'ila sun kai 600,000, bai kuwa leƙa ko'ina ba. Tambaya ya yi: wace ƙasa za ta ciyar da su, wane fili zai ɗauki sahunsu? Shekarar 999 da ake cewa Bagauda, sarkin Kano na farko, ya hau sarauta ma lissafi ne, an tara shekarun sarautar sarakunan Kano aka ƙirga baya. In ka kai ɗalibinka gindin Dala a ranar, zai ga mutane da dawakai, ba zai san wa ya ci amanar wa ba. Sai ya tambaya, kuma kowa zai gaya masa tasa.

Abba: Wannan ta shige ni, Yaya Hauwa. Ke nan su leƙa su dawo su ci gaba da musu?

Hauwa: Mutum biyu da suka ga hatsari ɗaya a bakin kasuwa ma ba sa jituwa.

Abba: To zan raba makarantar gida biyu, masu leƙe da masu tambaya. Amma ban janye ba, jiya tana nan.

Malam Idi: In ka samu ƙofar ka ɗauko mini dubu biyar ɗin da na ranta maka bara, tun ba ka kashe ba.