Viola Davis: nadama ce ta gaskiya ko dai an ci an ƙoshi ne?

Ɗan Fagge: Salam jama'a. Yau dai sai na faɗi abin da ke raina ko da za a yi min ca. Viola Davis ta iya aktin ba musu, amma wannan nadamar da take cewa ta yi kan fim ɗin The Help ni ban saya ba ko kaɗan. Fim ya fito 2011, ta fito a 'yar aikin gidan Turawa mai suna Aibileen a garin Jackson na jihar Mississippi, fim ya yi kasuwa ya haura dala miliyan 200, aka sa sunanta a takarar Oska, duniya ta santa, sai a 2018 sannan ta gaya wa jaridar New York Times wai tana nadama don ba a ji muryar 'yan aikin ba a fim ɗin. Toh da aka miƙa mata labarin ba ta karanta ba ne? An ci an suɗe kwano sannan a ce miya ba gishiri.

Maman Iman: Haba ƙanina, ka san wace ce matar nan kuwa kafin ka yanke mata hukunci? An haife ta 1965 a St. Matthews a South Carolina, a gonar kakarta, tana jaririya aka koma da ita Central Falls a Rhode Island, ita ce ta biyar cikin su shida, babanta mai kula da dawaki ne, mamanta ta yi aikatau a gidajen mutane ta yi aikin masana'anta. Gidan da suka tashi ɓeraye ne ko'ina, sai sun ɗaure wuyansu da tsumma in za su kwanta don kar a cije su, abinci kuwa wani lokacin sai a bola ko ta ɗauko a kanti, duk ita ta faɗa da bakinta a littafinta Finding Me. Wato ita aikatau ba labari ba ne a wajenta, sana'ar mahaifiyarta ce. Kai kana ganin mace irin wannan za a ba ta rol na 'yar aiki mai mutunci a babban fim ta ce a'a?

Ɗan Fagge: Anti talaucin yarinta daban, wannan daban. Lokacin The Help ai ba talaka ba ce, tana da kyautar Tony har biyu a hannu.

Maman Iman: Tony biyu, eh, 2001 a King Hedley II da 2010 a Fences, amma wannan wasan dandamali ne ƙanina, a Broadway, suna ake samu ba kuɗin Holiwud ba. A fim fa? Ta gama Juilliard tun 1993, makarantar koyon aktin da ko shiga sai an tace an rairaye, amma shekara da shekaru sai dai ka ganta nas, ko 'yar sanda, ko uwar wani yaro ɗan ƙwaya, ta yi sin biyu uku ta ɓace. Fim ɗin Doubt na 2008 da ya fara kai ta takarar Oska gaba ɗaya fitowarta bai wuce 'yan mintuna ba, ta tsaya gaban Meryl Streep tana kuka majina na zuba ta kusa ƙwace fim ɗin. Tana da shekara 45 ake ɗaukar The Help kuma shi ne karon farko da aka ɗora mata babban fim a ka. Mace baƙa wuluk mai shekara 45 a Holiwud, nawa ne irinta ake kira? Ba zaɓi ne gabanta jere ba da za ka ce me ya sa ta ɗauki wannan ta bar wancan.

Ƙanin Kowa: Ni fa The Help sin ɗin kek ɗin nan na Minny kaɗai na riƙe, wanda ya kalla ya gane, ban ƙara cin abu mai cakulan hankali kwance ba 😂

'Yar Damagaram: Kai dai ba ka da aiki. Yaya Ɗan Fagge ka koma ka duba me ta ce dai, ba ta zagi waɗanda ta yi aiki da su ba, ta ce ƙawance ne har abada, abin da ta ce shi ne a ƙarshe ba muryar 'yan aikin aka ji ba. Kuma gaskiya ne, wadda ta rubuta littafin Kathryn Stockett Baturiya ce, darakta Tate Taylor Bature, kuma labarin kan yarinyar nan Skeeter da Emma Stone ta fito yake juyawa, ita ce ta rubuta, ita ce ta samu aiki a New York, Aibileen kuwa korarta aka yi. Mai aktin ba ita ke yanka fim ba, za ta iya yin sin mai zafi a cire a ɗakin tacewa ba ta sani ba sai ranar nunawa. A 2020 bayan kisan George Floyd fim ɗin ya dawo yana tashe a Netflix, mutane na kallo wai suna koyon matsalar wariya, shi ne ta sake gaya wa Vanity Fair tana jin kamar ta ci amanar kanta da mutanenta. In don suna take yi ai shiru ya fi mata riba.

Ɗan Fagge: A 2018 ɗin me za ta rasa? Ta riga ta ci Emmy, kyautar talabijin, a 2015 da siris ɗin How to Get Away with Murder, ta ci Oska 2017 da Fences, ba mai iya taɓa ta. Jarumta ita ce ka faɗa lokacin da faɗar za ta ja maka asara.

Maman Iman: Toh ai da ta samu ƙarfin ka ga me ta yi da shi. A siris ɗin nan da ka ambata, inda ta fito a Annalise Keating, ita ce ta kafe sai an nuna ta zauna gaban madubi ta cire gashin kanti ta cire gashin ido ta goge kwalliya tas, a ABC, tashar da duk Amurka ke kallo, wallahi duk macen da ta kalli wajen nan ta san abin da ake nufi. Ita ce baƙar mace ta farko da ta ci Emmy na babbar jaruma a diramar talabijin, kuma a kan mumbarin ta ce abin da ya raba mata masu launi da sauran dama ce kawai, ba a cin kyauta da rol ɗin da babu shi. Sannan a 2018 ɗin dai ta fito ta ce ana kiranta Meryl Streep ta baƙaƙe, toh in haka ne a biya ta daidai darajarta. Wannan magana kana jin furodusoshi daɗinta suka ji?

Ɗan Fagge: Yawwa Anti, nan nake jiranki. Kin ce a duba me ta yi da ta samu ƙarfi. Mu duba The Woman King na 2022. Nan ba za a ce haya aka ɗauke ta ba, kamfaninta ne JuVee ita da mijinta Julius Tennon suna cikin furodusoshi, ita ce Nanisca shugabar mayaƙan mata na Dahomey, tsohuwar masarauta a ƙasar Benin ta yau. Kuma su wa suka tsara labarin? Maria Bello da Dana Stevens, Turawa biyu. Abin da ta yi kuka da shi a The Help shi ta maimaita da hannunta, sai dai wannan karon tarihin maƙwabtanmu aka wanke aka goge. Malam Na-Kwatano kana nan? Dan Allah ka yi mana bayani kai da ke zaune a ƙasar.

Malam Na-Kwatano: Ina nan ɗana, ina karantawa. Zan faɗi abin da ke tarihi, hukunci kuma naku. Fim ɗin an ɗora shi a 1823 zamanin Sarki Gezo, wanda John Boyega ya fito, kuma gaskiya ne a wajen lokacin Dahomey ta daina biyan gandu ga Oyo, gaskiya ne akwai rundunar mata, Agojie, har gwamnatin Benin ta kafa musu mutum-mutumi mai tsayin mita 30 a nan Kwatano a 2022. Inda aka rabu da gaskiya shi ne nuna cewa shugabar matan nan ta ja hankalin sarki ya bar cinikin bayi ya koma manja. Gezo ya hau mulki 1818 da taimakon Francisco Félix de Souza, ɗan Brazil, babban dillalin bayi na Wida, garin da ke bakin teku, kuma bai saki cinikin ba sai da jiragen ruwan Ingila suka toshe masa gaɓa ya sa hannu a 1852, kafin rasuwarsa a 1858 ma an koma ruwa. Su Agojie ɗin su ne a gaba wajen kai hari, suna cikin waɗanda suka afka wa Abekuta a 1851 aka kore su. Gonakin manjan kuma bayi ne ke noma su. Jirgin bayi na ƙarshe da aka sani ya shiga Amurka, Clotilda, a 1860, a Wida ya yi lodin mutum 110 zuwa Alabama zamanin Glele ɗan Gezo, kuma ɗaya daga cikinsu, Cudjo Lewis, ya rayu ya ba da labarin yadda mayaƙan Dahomey har da mata suka faɗa wa garinsu. Kar ku ɗauka abin ya tsaya kan Yarbawa da Mahi, ta tashoshin gaɓar nan, Wida da Porto-Novo da Badagiri da Ikko, aka fitar da Hausawa da yawa zuwa Bahia ta ƙasar Brazil, su ne suka shirya tawayen 1807 a Salvador.

Ɗan Fagge: Allah ya ƙara lafiya Malam. Anti kin ji ko? Jikar bayin South Carolina ta fito tana kambama rundunar da ke kamo bayin.

'Yar Damagaram: A yi adalci dai, fim ɗin bai ɓoye cewa Dahomey na sayar da bayi ba, tun farko an faɗa, Nanisca da kanta take ce wa sarki abin kunya ne, yawancin masu kiran a ƙaurace masa a Twitter ko kallo ba su yi ba. Kuma darakta Gina Prince-Bythewood baƙar mace ce. Braveheart nawa ya murɗe tarihin Scotland? Oska biyar aka ba shi. Gladiator fa? Su in sun yi ƙarya fasaha ce, mu in an yi sai a ce cin amana. Shi The Woman King ko takara ɗaya Oska ba ta ba shi ba.

Malam Na-Kwatano: 'Yata, bambancin shi ne ɗan Scotland yana da littattafai da finafinai ɗari da zai gyara ƙaryar Braveheart da su. Yaron da ke Chicago ko Kano wataƙila wannan fim ɗin shi ne kaɗai abin da zai taɓa sani game da Dahomey har ya mutu. Faɗar cewa ana sayar da bayi daban, mai da masu kamun su zama masu 'yantarwa daban. Ko ɗaukar fim ɗin ma a Afirka ta Kudu aka yi.

Ƙanin Kowa: Ba jaruma Lupita Nyong'o ce ta gudu daga fim ɗin ba?

'Yar Damagaram: An sanar da ita a ciki, sai ta yi wani shirin gaskiya a Benin kan Agojie a 2019 inda ta haɗu da matar da aka kamo kakarta, daga baya ta fita daga fim ɗin. Abin da ta ce kawai rol ɗin bai dace da ita ba, sauran mutane ne suka haɗa lissafi.

Maman Iman: Malam na ji bayaninka kuma ba ni da ja a tarihi, ka fi ni sani. Amma ƙanina ya fara da cewa nadamar The Help ƙarya ce, yanzu ya koma Dahomey, magana biyu ce. Mutum zai iya yin nadama ta gaskiya kan abu ɗaya kuma ya zo ya yi wani abin da za a kama shi da shi. Ku tuna kuma shekara kusan bakwai ana yawo da labarin nan kamfani-kamfani ana ƙi, don ba wanda ya yarda a zuba dala miliyan 50 kan fim ɗin da duk jaruman gaba baƙaƙen mata ne, ita tana da shekara 56 ta shiga horo na wata da watanni tana ɗaga ƙarfe tana koyon sara da adda, fim ya fito ya zo na ɗaya a Amurka a makon farko. Thuso Mbedu 'yar Afirka ta Kudu da Sheila Atim da Lashana Lynch, har Jimmy Odukoya namu na Najeriya da ya fito a janar ɗin Oyo, wa zai ba su irin wannan fili? Inda an kai musu labarin yadda Malam ya faɗa, matan na yanka ƙauye suna ɗaure yara, wallahi ko sisi ba kamfanin da zai bayar.

Ɗan Fagge: Toh ai shi ne maganata Anti, kin faɗa da bakinki. A The Help an tausasa labari don Turawa su saya tikiti, ta ce ta ci amanar mutanenta. A The Woman King an tausasa labari don a saya tikiti, da aka tambaye su a Variety ita cewa ta yi yawancin labarin ƙirƙira ne kuma dole ya zama haka, mijin ya ce nishaɗantarwa suke. Uzurin da ta ƙi karɓa daga Tate Taylor shi ta ba kanta. In kasuwa hujja ce a nan to hujja ce a can, in ba hujja ba ce a can to a nan ma ba hujja ba ce.

Maman Iman: Ba ɗaya ba ne. A can an ƙanƙantar da baƙar mace ne don Baturiya ta haska, a nan an girmama ta ne fiye da yadda tarihi ya ba ta. Duka murɗiya ce na yarda, amma yarinya baƙa da ta fito daga silima a fim na farko da wadda ta fito a na biyu ba tafiya ɗaya suke yi ba.

Malam Na-Kwatano: Hajiya, wadda aka girmama ɗin ita ce mai riƙe da addar. Wadda aka ɗaure aka kora Wida a ƙafa ita ma baƙar mace ce, kuma daga tsatson irinta Viola ta fito, ba daga fadar sarkin Dahomey a Abomey ba. Fim ɗin waccan matar nake so JuVee su yi, tun da yanzu suna da ƙarfin da za a saurare su.

'Yar Damagaram: Malam in sun yi shi kuma a ce ga shi ta sake fitowa a baiwa, wannan Yaya Ɗan Fagge ɗin shi zai fara buɗe mana sabuwar muhawara.

Ɗan Fagge: Ya danganta da wanda ya rubuta.