Jeri Ɗaya Ko Biyu? Gardama Kan Mazaɓun Kanada

Baban Khalifa (Toronto): Assalamu alaikum. Takardar nan da muke haɗa wa 'yan'uwa sababbin 'yan ƙasa, ni dai jeri ɗaya ya isa. A rubuta sunan mazaɓa, a sa ɗan majalisar tarayya da na lardi a gabansa, shi ke nan. Ai abu ɗaya ne. Tun zaɓen 1999 gwamnatin Mike Harris, firimiyan lardin Ontariyo na lokacin, ta rage kujerun majalisar lardin daga 130 zuwa 103 don su hau kan iyakokin tarayya.

Maman Zara (Edmonton): Wa alaikumus salam. Alhaji, Ontariyo ba ita kaɗai ce Kanada ba fa. Mu nan Albarta kujeru 37 gare mu a majalisar tarayya da ke Ottawa, majalisar lardi kuma 87. Ta ina za su zauna a layi ɗaya? Ga wani abin ma: akwai Edmonton Strathcona ta tarayya, akwai Edmonton-Strathcona ta lardi. Ɗan karan da ke tsakiya ne kawai bambancin sunan, amma ta tarayya ta fi girma nesa ba kusa ba. Mutum zai iya zama a cikin ta farko, bai taɓa shiga ta biyun ba.

Ɗan Auta (Montreal): Gaskiyar Anti. Lardin Kebek 78 ne a tarayya, 125 a majalisar lardi. Kamar ka ce za ka haɗa mazaɓun tarayya 24 na Kano da na jiha 40 a jeri guda.

Baban Khalifa: To na ji, a raba na sauran larduna. Amma Ontariyo a bar mini jerina ɗaya, mafi yawanmu nan muke.

Kawu (Ottawa): Alhaji, a yi haƙuri, Ontariyon ma zancen ya tsufa. Tun 2007 arewacin lardin ya ƙi bin taswirar tarayya, ya riƙe kujerunsa 11. A 2018 aka ƙara masa biyu, Kiiwetinoong da Mushkegowuk—James Bay, majalisar ta zama 124. Sai ga sabon rabon tarayya bayan ƙidayar 2021, wanda ya kai kujerun ƙasa 343, Ontariyo ta samu 122. Lardi bai bi ba. Shi ya sa a 2025 aka yi zaɓen lardi a Fabrairu da tsohuwar taswira, na tarayya a Afrilu da sabuwa. Kai da ke Toronto ma ai abin a ƙofar gidanka ya faru: kujerun birnin a tarayya sun koma 24 daga 25, an shafe Don Valley East, alhali a lardi tana nan daram.

Baban Khalifa: Kawu, sunaye da yawa a kudu ba su canza ba.

Kawu: Wannan ne ma haɗarin. Suna na nan, iyaka ta matsa, mai karatu ya buga waya ofishin da ba nasa ba.

Maman Zara: Jeri biyu, kuma kowace mazaɓa a rubuta shekarar taswirarta a gefe. In ba haka ba, bayan ƙidaya ta gaba mu sake wannan musun.

Baban Khalifa: Aikin ya ninka ke nan. Wa zai yi?

Ɗan Auta: Zan ɗauki Kebek. Ontariyo kuwa ta Alhaji ce, tunda shi ya fi saninta.

Baban Khalifa: Yaron nan ba ka da kunya. Turo mini taswirar lardin.