Shekara 5 ina biya, bashin gida bai motsa ba: fashi ne ko lissafi?

Mai Jingina: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Yau sai na amayar da abin da ke cikina. Shekara 5 ke nan cif da na karɓi bashin sayen gida, miliyan 10, kuɗin ruwa kashi 12 cikin ɗari a shekara, za a biya cikin shekara 20. Duk wata ana zare 110,109 daga albashina, ko sau ɗaya ban tsallake ba. Jiya na nemi takardar bayanin bashin don in ga inda aka kwana. Na biya sama da miliyan 6 da dubu 600. Kun san abin da ya rage a kaina? Miliyan 9 da dubu 174. Duk wahalar nan dubu 826 ce kacal ta fita daga uwar kuɗi. Wallahi ban runtsa ba daren jiya. Wannan fashi ne, fashi da alƙalami. Don Allah wanda ya sani ya gaya min, in na riƙa ƙara wani abu a kan abin da nake biya duk wata zai rage min nauyi, ko ɗiban ruwa da rariya ne?

Akawu: Wa alaikumus salam. Malam, na tausaya maka, amma ka janye kalmar fashi. Ɗan fashi ba ya miƙa maka takarda ka tafi da ita gida ka karanta, ka dawo da ƙafarka ka sa hannu gaban shaidu. Kai ka je, kai ka nema.

Ɗan Haya: To ga su nan sun fito. Ko ba a faɗa ba mun san inda kake cin abinci, Akawu. Fashi ne mana. Bindiga ce kawai babu.

Akawu: Aikina daban, gaskiya daban. Ka kawo hujja.

Ɗan Haya: Hujja a fili take. Kashi 12 na miliyan 10 nawa ne? Miliyan 1 da dubu 200. Ke nan miliyan 11 da dubu 200 ya kamata bawan Allah ya biya a rufe littafi. Ya biya fiye da rabi, an ce masa bai fara ba. In ba fashi ba me sunansa?

Malamin Lissafi: Ɗan uwa, a nan ka yi tuntuɓe, kuma mutane da yawa a nan suke faɗuwa. Kashi 12 ɗin na kowace shekara ne, ba na bashin gaba ɗaya sau ɗaya ba. A raba shi 12, ya zama kashi 1 duk wata a kan abin da ya rage. Watan farko ana binsa miliyan 10, ruwan watan 100,000 ne. Ya biya 110,109. Abin da ya taɓa uwar kuɗi 10,109 ne kawai. Wata na biyu bashin ya ɗan ragu, ruwan ya ɗan ragu, abin da ke shiga uwar kuɗi ya ƙaru da kusan 100. Haka abin ke rarrafawa. Sai ya shiga shekara ta 15 kafin rabon uwar kuɗi ya fi rabon ruwa a biyan wata. Daga nan kuma bashin zai riƙa zubewa da sauri. In ya kai ƙarshen shekara 20 a haka, jimillar abin da ya biya miliyan 26 da dubu 426 ne, wato ruwa kaɗai ya haura miliyan 16. Na buga alƙaluman da ya kawo, ba su yi masa ƙari ba.

Ɗan Haya: Allahu akbar! Ka ari 10 ka biya 26, kuma malami ya ce ba a yi ƙari ba. Ai kai ka ƙarasa min hujjata.

Malamin Lissafi: Ban ce da sauƙi ba. Na ce lissafin ya yi daidai da yarjejeniyar.

Uwar Biyu: Ni dai ina ganin kalmar ta yi nauyi. Mutum ya riƙe maka kuɗinsa shekara 20 kana kwana cikin gida da iyalinka, ai dole ya ci riba. Ba sadaka ya buɗe ba.

Ɗalibin Ilimi: Madalla, Hajiya, kin faɗi sunan da bakinki. Riba. Ba fashi ba ne, don fashi yana da ma'anarsa a shari'a, tare hanya ne da makami a ƙwace dukiya. Wannan sunansa riba, kuma haramcinta a bayyane yake a Suratul Baƙara, aya ta 275. Duk gardamar da kuke yi a kan fashi ɓata lokaci ne.

Uwar Biyu: Malam, kada ka sa min magana a baki. Ribar ciniki nake nufi, irin wadda kowane ɗan kasuwa ke nema.

Ɗalibin Ilimi: Na san abin da kike nufi, shi ya sa na tsaya a kai. A rubutunmu kalmomin biyu kamarsu ɗaya, amma a Larabci asalinsu daban. Ribar ciniki halal ce, ka sayi kaya ka sayar, kana iya ci kana iya faɗuwa. Ƙarin da aka sharɗanta a kan bashi shi ne wanda aka hana. Mai ba da bashin nan wane kaya ya saya?

Akawu: Yana iya faɗuwa mana. Wa ya ce maka ba ya faɗuwa? Ka tambayi abin da ya faru a Amurka a 2008, lokacin da masu bashin gidaje suka kasa biya, farashin gidaje ya zube. Bankin Lehman Brothers da girmansa ya durƙushe a watan Satumban shekarar.

Ɗan Haya: Su suka jawo wa kansu. Sun yi ta ɗora wa talakawa bashi da ruwa mai sauƙi a farko, bayan shekara biyu ya yi tsalle. Wa aka kora daga gidaje? Manyan bankin ne suka kwana a titi?

Akawu: Wannan ruwa mai canzawa ne. Na Mai Jingina tsayayye ne, tunda shekara 5 adadi ɗaya yake biya. Kada ka haɗa.

Mai Jingina: Jama'a, tambayata fa?

Malamin Lissafi: Yi haƙuri, ga amsarka. Ba ɗiban ruwa da rariya ba ne ko kaɗan. Duk abin da ka ƙara, in an zuba shi a uwar kuɗi, ya daina haihuwa har abada. Misali ka ƙara 20,000 duk wata daga yanzu. Maimakon wata 180 da suka rage maka, za ka gama cikin wata 123 ko kusa da haka, ka tsira da wajen miliyan 3 da dubu 800. Sai dai abu biyu. Ka duba takardarka ko akwai tara a kan biya kafin lokaci. Sannan ka sa su rubuta maka cewa ƙarin uwar kuɗi yake ragewa, ba ajiye shi za su yi a matsayin biyan watan gaba ba.

Ɗalibin Ilimi: Malam, kana koya masa yadda zai rage haram ne maimakon yadda zai fita daga cikinta. Akwai murabaha, banki ya sayi gidan ya sayar maka da farashi sananne, ko shekara nawa za a yi ba ya ƙaruwa. Akwai musharakar da ke raguwa, ku mallaki gidan tare, kana sayen rabonsa kaɗan kaɗan kana biyan hayar abin da ya rage nasa.

Akawu: Ka tara abin da mai murabaha zai biya a shekara 20 ka ajiye kusa da miliyan 26 ɗin nan, ka ga ko akwai tazarar kirki. Su ma farashin kuɗi a kasuwa suke kallo kafin su yanka nasu.

Ɗalibin Ilimi: Ko adadin ya zo ɗaya, ƙulla cinikin ba ɗaya ba ne. Yanka da mushe duk nama ne a ido.

Akawu: To ni mushe nake sayarwa ke nan? Ka iya bakinka.

Ɗalibin Ilimi: Misali na buga, ban kira sunan kowa ba.

Tsohon Ma'aikaci: Yara, ku saurara. Na biya irin wannan bashi har na gama, don haka ba labari aka ba ni ba. Abin da ba wanda ya faɗa shi ne, kuɗin yau ba shi ne kuɗin shekara 15 masu zuwa ba. Lokacin da na fara, biyan wata yana cinye kusan rabin albashina. Kafin in gama, albashi ya ƙaru, kaya sun yi tsada, hayar maƙwabtana ta ninka, ni kuwa adadina yana nan inda yake. Shekarun ƙarshe ko jin fitarsa ba na yi. Wannan miliyan 26 da ke firgita ku ba rana ɗaya za a ƙirga ta ba. Mai ruwa tsayayye, hauhawar farashi taimakonsa take yi, muddin abin da yake samu yana tafiya da ita.

Ɗan Haya: Baba, da girmanka, amma su wa kake kira yara? Ina da 'ya a jami'a. Kuma in albashin bai ƙaru ba fa? In aikin ya tafi fa? Gidan da kuke cewa naku, takardunsa suna hannun wa? Ka yi wata uku ba ka biya ba ka ga mai gida na gaskiya.

Uwar Biyu: Gara wanda takardunsa ke jingine da wanda ba shi da takardar ma. Ka yi shekara 20 kana biyan haya, ko ƙusa ɗaya ba taka ba ce.

Ɗan Haya: Hajiya, gori za ki yi min? Ni ina kwana ba wanda ke bina ko sisi. Rufi ya yi yoyo ba ni ke gyara ba. Ki tambayi Mai Jingina nawa ya kashe kafin a ba shi makulli: kafin alƙalami, kuɗin lauya, kuɗin masu ƙiyasta darajar gida, kuɗin buɗe fayil, inshorar da yake biya duk shekara. Ko ɗaya ba ya cikin miliyan 26 ɗin.

Malamin Lissafi: Wannan kam gaskiya ya faɗa. Wanda zai kwatanta bashi biyu ya tara duk waɗannan, kada ya tsaya a kan kashin ruwa. Kuma tsawon shekaru shi ne babban tarko. Wannan bashin dai, da a shekara 15 aka yanka, biyan wata 120,017 ne, jimilla miliyan 21 da dubu 603. Ƙarin da bai kai 10,000 a wata ba ya hana fitar kusan miliyan 5. Da kuma an ja shi zuwa shekara 30, biyan wata 102,861, jimilla ta haura miliyan 37.

Uwar Biyu: Ban yi maka gori ba, kai ka fara cewa gidajenmu ba namu ba ne.

Ɗan Haya: Wani abokina gidansa aka sayar a kan idonsa bayan ya biya shekara 9. Ki je ki gaya masa nasa ne.

Akawu: Kullum wani abokinka. Nawa ake binsa, wata nawa ya yi bai biya ba, sau nawa aka rubuta masa? In an sayar, abin da ya haura bashi ai shi ake mayar wa.

Tsohon Ma'aikaci: Na ji an ce Turawa ma sunan da suke kiran wannan bashi daga tsohon Faransanci ya fito, ma'anarsa matacciyar jingina. Jinginar tana mutuwa in ka gama biya, ko in ka kasa.

Ɗan Haya: Kun ji ko? Su da suka ƙirƙiro shi ma da mutuwa suka haɗa shi.

Akawu: Ba abin da Baba ya ce ke nan ba.

Shugaban Zaure: To, ya isa haka, saƙonni sun yi yawa. Ga abin da aka tattauna a taƙaice ga waɗanda ba su bi ba. Ɗan uwanmu ya kawo kukan zaluncin da aka yi masa. Malamin Lissafi ya tabbatar da alƙaluma cewa wanda ya ari miliyan 10 zai biya 26, har 37 ma. Ɗalibin Ilimi ya kawo aya, ba wanda ya iya mayar masa. Ɗan Haya ya tona kuɗaɗen da ake ɓoyewa, malami ya gaskata shi. Akawu ya yi ƙoƙarin kare masu gidansa, amma bai kawo komai ba sai labarin Amurka. Baba ya ba da labarin zamaninsu, Allah ya ƙara lafiya, sai dai zamani ya canza. Mafi yawan zaure sun tafi a kan cewa ko ba a kira shi fashi ba, ɗan uwansa ne. Ni shi ya sa shekara 11 nake ɗora bulo a kan bulo da kuɗin hannuna.

Akawu: Shugaba, wane mafi yawa? Wa ya ƙirga? Malamin Lissafi cewa ya yi ba a yi masa ƙari ba, ka tsallake wannan.

Uwar Biyu: Ni ko sunana bai fito ba.

Mai Jingina: Malamin Lissafi, na ɗauko takardar. Akwai wani sakin layi da ya ce za a ci tarar kashi 2 a kan duk abin da aka biya kafin lokaci. Ke nan a kan 20,000 ɗin 400 za su cire duk wata, ko a kan dukan bashin da ya rage suke nufi?

Ɗan Haya: Kashi 2 don ka biya su kuɗinsu da wuri! Akawu, ina jiranka. Kuma Hajiya har yanzu ba ta janye maganar ƙusa ba.