"Hart of ten": zuciya ake nufi ko dabbar daji?

Ɗalibar Turanci: Assalamu alaikum. Na ci karo da "hart of ten" a wani tsohon rubutu kan farauta a Ingila. Na ɗauka kuskuren ɗab'i ne, heart ake nufi, wato mai zuciya goma, jarumi. Haka ne?

Malamin Adabi: Wa alaikumus salam. A'a 'yata, furucinsu ne ya zo ɗaya, amma asali kowa da nasa. Hart namijin jar barewar Turai ne da ya haura shekara 5. A tsohon Ingilishi heorot ake cewa, masana harshe kuma suna danganta shi da tushen kalmar ƙaho. Goman nan rassan ƙahonsa ne. Sai ya kai rassa 10 mafarautan fada ke ganin ya isa a sakar masa karnuka.

Maharbi Ɗan Gado: Allah gafarta Malam, "barewa" ɗin nan ba ta kwanta mini ba. Barewarmu ƙahonta ba ya reshe, ba ta kuma zubar da shi. Shi kuwa wannan duk shekara yake yar da nasa, sabo ya tsiro.

Malamin Adabi: Gaskiyarka, rashin suna ne ya sa na ara. Irin aron da mutanen Holan suka yi a Afirka ta Kudu ke nan: suka ga kanki, ya tuna musu da nasu na gida, suka raɗa masa hartebeest.

Masoyin Tottenham: Ikon Allah! Ashe sunan da ke cikin White Hart Lane ke nan, filinmu daga 1899 zuwa 2017.

Malamin Adabi: Shi ne. Farin hart tambarin Sarki Richard na 2 ne.

Ɗalibar Turanci: To Malam, zan iya yi wa Baba kirari da shi?

Malamin Adabi: Ban ba ki shawara ba. Baturen yau stag zai ce, kuma asalin maganar, ya isa kisa take nufi.

Maharbi Ɗan Gado: A nan na rabu da Malam. William, wanda ya ci Ingila a 1066, makantarwa ya sa a yi wa duk wanda ya kashe hart. Dabbar da sarki ya killace wa kansa haka, ambatonta girmamawa ce. Ki yi masa kirarin, 'yata, sai dai ki fara ba shi labarin ƙahon.