Wa ya san tarihin mutumin da ya tace fim ɗin Cold War?

Ɗan Fagge:
Assalamu alaikum. Shekarata biyu ina koyon tace fim, wato aikin edita na yankawa da haɗa hotuna, a wurin maigidana. Jiya na kalli Cold War na darakta Paweł Pawlikowski, wanda ya fito a 2018, abu ɗaya kuma ya hana ni barci. Labarin ya tashi daga 1949 ya tsaya a 1964, amma duka fim ɗin bai cika awa ɗaya da rabi ba. Sai allo ya yi baƙi na ɗan lokaci, in ya dawo shekaru sun shuɗe, masoyan da ke cikin labarin, Zula da Wiktor, sun koma Balin ko Faris, kuma ban ɓata ko sau ɗaya ba. Ni kuwa ko shigar mutum mota nake jin tsoron yankewa. Don Allah wane ne editan?

Malam Tsohon Edita:
Wa alaikumus salam. Ƙanena, sunansa Jarosław Kamiński, ɗan ƙasar Poland, haifaffen 1960. Ya yi karatun tace fim a makarantar FAMU da ke birnin Prague. Shi ne kuma ya tace Ida na 2013, na wannan daraktan, wanda ya ci Oska a 2015 a rukunin finafinan harsunan waje. Aikin Cold War ya ba shi kyautar gwarzon edita ta finafinan Turai a 2018.

Koma ka kalli Ida da idon sana'a. Baƙi da fari ne, kyamara a kafe take kusan ko'ina, ba motsin da zai rufa wa edita asiri. In ya yanka da wuri, tunanin da ke fuskar yarinyar da labarin ke kanta bai nuna ba, in ya makara mai kallo ya gaji. Nakan sa yarana su ƙirga daƙiƙun da yake barin fuska bayan magana ta ƙare. A nan gwanintarsa take.

Maman Ilham:
Malam, a ƙara da Quo Vadis, Aida? na 2020, na Jasmila Žbanić, kan kisan Musulmi fiye da 8,000 a garin Srebrenica na ƙasar Bosniya a Yulin 1995. Shi ya tace shi. Wurin harbin, ba a nuna gawa ba, sai bakin bindigogi ta taga, sannan aka fita waje da kyamara ana jin ƙara. Wallahi na yi kuka har na kasa ƙarasawa a daren.

Ɗan Fagge:
Na gode, Allah Ya saka da alheri. Malam, akwai fitowar da nake kai yanzu, minti huɗu ce, mata da miji suna sallama a tasha. Gobe zan gwada tsayar da ita a inda matar ta juya baya, in nuna wa maigida.